Tambaya da Amsa: Mai Kyamara a Zauren Kiɗa

Tambaya: Malam, na kalli taron kiɗan sabuwar shekara na birnin Biyanna a Ostiriya. Yaya mai kyamara ke sanin wanda zai busa sarewa tun bai ɗaga ta ba?

Amsa: Ɗana, ba duba yake yi ba, shiri ne. Kiɗan nan rubutacce ne. Daraktan shirin talabijin kan zauna da takardar kiɗan, ya sa wa kowane hoto lamba, ranar taro kuma mataimaki ya riƙa kiran lambobin a kunnen masu kyamara. Tun 1959 ake nuna taron a talabijin. Ni natsuwar masu kyamarar ce ke burge ni: baƙaƙen kaya, ba tari, ba motsi, kyamara na kan yatsun mai goge tun bai ja izga ba.