Amsar ƙanena na Kano, daga garejinmu na Magazin a Kumasi

Ƙanena, saƙon muryarka ya same ni ina kwance ƙarƙashin wata mota a Suame, unguwar makanikai da ake kira Magazin, hannu dumu-dumu da baƙin mai, sai yaron garejina ne ya danna wayar ya kara mini a kunne. Ka ce kana son sayen Corolla ta haya, kana neman sanin wace shekara ce ta fi ƙarfi, wacce kuma ta fi juriya. Daga ƙarshe ka yi dariya ka ce ko mu ma nan Gana mun zama kamar motocin, duk sabon yayi sai ƙarfe ya ragu, don ka ji an ce 'ya'yanmu ba sa jin Hausa. Na san wasa kake yi. Amma maganar ta kwana a raina, kuma ba kai kaɗai ke yin ta ba, shi ya sa na ga gara in rubuta amsar inda kowa zai gani.

Bari in fara da motar. Corolla ta farko da na sani a duniya ta Baba ce, Allah ya jiƙansa, irin ta farkon shekarun 1980 mai jan ƙafar baya, da ɗan injin 4K mai lita 1.3. Tasi yake yi da ita, an shafa mata ruwan ɗorawa a kusurwa huɗu kamar yadda ake wa kowace tasi a ƙasar nan. Ran Lahadi bayan sallar asuba zai shimfiɗa buhu a ƙofar gidanmu a Aboabo, ya kwance kafireta ya zuba 'yan ƙananan ƙarafunan a farantin silba na Inna, ya wanke da fetur, ya ɗaga kowane ɗaya sama ya leƙa hudarsa da ido ɗaya, ya hura da baki. Ni ne mai riƙe farantin. In na motsa har wani sukurun ya gangara, ranar ba ni ba kokon safe cikin kwanciyar hankali. Motar nan ba ta da gudu, in ta ɗauki mutum huɗu da buhun doya sai ta hau tudu tana nishi, amma ban taɓa ganin an jawo ta gida da igiya ba. Daga 1983 aka mayar da yawancin Corolla masu jan ƙafar gaba, Baba kuwa har ya bar duniya bai gama yarda da wannan canji ba.

Wadda na koyi aiki a kanta ita ce ta shekarun 1990, mai injin 4A-FE lita 1.6, da yayansa 7A-FE lita 1.8. Ƙarfinsu tsakanin doki 100 ne da 115, ya danganta da ƙasar da aka yi wa motar. Gangar injin baƙin ƙarfe ce zalla. Bel ke juya tayimin, kuma ko ya tsinke a hanya fistin ba ya dukan bawul, sai ka sa sabo ka tayar ka wuce. Na ga irinsa ya yi zafi har ruwa ya ƙone, aka bar shi ya huce, aka sauya gaskit, ya sake shekara biyar yana aiki. Idan juriya kaɗai ake magana, wato injin da zai yafe wa mai shi sakaci, ban ga na biyunsa ba. Sai dai ƙaramarsu yanzu ta doshi shekara talatin. Injin yana nan da ransa, amma bodi ya ruɓe, wayoyi sun bushe, fasinja kuma yana son sanyin mota. Kada ka saya don haya.

A 1998 aka sa wa ta Amurka injin 1ZZ-FE, lita 1.8, gangar alminiyom, sarƙa a maimakon bel. Ya fara da doki 120, a 2000 aka ƙara masa VVT-i, wato dabarar da ke sauya lokacin buɗewar bawul, ya koma 125, a ta 2003 ya kai 130. Na farkon nan, daga 1998 zuwa 2002, su ne suka yi suna wajen shan baƙin mai. Dalilin yana jikin fistin: 'yan hudojin da mai ke bi ya koma ƙasa ƙanana ne, in aka yi jinkirin juye sai dauɗa ta toshe su, ringi ya manne, mai ya riƙa haurawa sama yana ƙonewa. Daga baya an gyara fistin ɗin, shi ya sa hankalina ya fi kwanciya da ta 2005 zuwa 2008. Motar Pontiac Vibe ɗin nan da ta cika tashoshinku, irin ta 2003 zuwa 2008, injin nan ne dai a cikinta, in ka ɗebe 'yan kaɗan masu gudun tsiya.

Amma alminiyom ba ya yafiya irin ta baƙin ƙarfe, kuma nan ne muke faɗa da abokan sana'ata, na nan da na can wajenku. Mota na sauka daga tashar jirgin ruwa ta Tema, abu na farko sai a cire mata tamostat, wato abin da ke daidaita zafin injin, a jefar, a haɗa fanka kai tsaye, a ce wai na ƙasar sanyi ne. Sannan a ɗura mata ruwan rijiya a lagireto. Injin da ba ya kai zafin da aka tsara masa, kwamfutarsa tana ɗauka har yanzu safiya ce, sai ta yi ta ƙara fetur, ya wanke man da ke jikin silinda. Ruwan rijiya kuma ya ci hanyoyin ruwa a hankali. Bayan shekara biyu mai mota ya zo yana cewa motocin zamani ba su da ƙarko. Ku da zafin Kano na watan huɗu, wannan ya fi shafarku fiye da mu da ruwan sama ke sanyaya wa gari.

To, maganar Hausarmu. Gaskiya ne, in ka sauka Aboabo ko Asawase ko Sabon Zango za ka ji yaro ya ce "mamana ya zo". Za ka ji ƙ ta koma k, ɗ ta koma d, ka ji kalmomin Twi da na Turanci sun shiga tsakani. Ni kaina haka nake magana a gareji, wannan da nake rubuta maka kuwa ta makarantar allo ce da ta rediyo da ta bakin kakata. Abin da ba a gaya maka ba shi ne, a zangon nan Bamoshe da Badagombe da Bazabarme da Bakotokole da Bafulatani, in suka haɗu, da Hausa suke ciniki, da ita ake wa'azi, da ita ake ɗaura aure, da ita ake faɗa a bakin famfo. Harshen da baki iri-iri suka ɗauka dole ya goge a wasu wurare, kamar tsanin masallacin da kowa ke takawa. Ku a Kano kun gaji Hausa ba ku sha wahalar riƙe ta ba, ko'ina ka juya ita ce. Mu nan yaro zai wuni makaranta da Turanci, ya bi kasuwar Kejetia da Twi, sannan ya shigo gida a ce masa sai ya durƙusa ya gaida kowa da Hausa kafin a miƙa masa tuwo. Sama da shekara ɗari muna haka.

Don ba jiya muka zo ba. Kakan Baba bafatake ne, da jakai ya bi hanyar Gwanja neman goro har Salaga. Da yaƙin basasa ya watsa garin a 1892, mutane suka bazu, wasu Karachi ta nan Gana, wato Kete-Krachi, inda Alhaji Umaru, haifaffen Kano, ya zauna yana karantarwa har rasuwarsa a 1934, wasu kuma suka gangaro kudu, namu suka ƙare a Kumasi. Alhassan Ɗantata da kuke alfahari da shi, goron ƙasar nan na cikin tushen arzikinsa, mahaifiyarsa ma a Akara ta zauna. Abincin da duk Gana ke layi a kansa da safe suna ce masa waakye, waken namu ne aka lanƙwasa sunansa. Koko da ƙosai haka, tuwon zafi haka. Babban limamin ƙasa baki ɗaya, Shaikh Usmanu Nuhu Sharubutu, jininmu ne, kuma har Kiristoci suna tashi tsaye in ya shigo wuri.

Kakanka da kakana uwa ɗaya uba ɗaya suke, a gida ɗaya aka haife su nan Kumasi. Abin da ya raba su dokar korar baƙi ce ta ƙarshen 1969, da aka ba marasa takarda mako biyu su fita. Naka ya sayar da abin da ya sayu, ya hau babbar mota da iyalinsa. Nawa ya ce kabarin ubansa na nan, ba inda za shi. Kakata ta ce ranar rabuwar an raba tukwane biyu-biyu a tsakar gida, ba mai iya kallon idon wani. Ka ga ke nan da tarihi ya ɗan karkata, kai ne za ka zauna nan kana cewa "mamana ya zo", ni in turo maka saƙo daga Kano.

In koma kan mota kafin in manta. Ta 2009 zuwa 2013 tana da 2ZR-FE, shi ma lita 1.8, doki 132. Sitiyarinta na lantarki ne, ba ruwanka da mansa. Abin da ta fi kawowa gareji shi ne famfon ruwa ya fara yoyo, gyaran wuni ɗaya ne. Giyabos ɗinta mai hawa huɗu irin na da ne, in kana canza masa mai zai riga bodi tsufa ne kawai ba mutuwa ba. Ka guji samfurin XRS mai lita 2.4 duk da dokinta 158, wannan injin ya yi ƙaurin suna wajen shan mai, kuma mai haya ba tsere ya fito ba. Ta 2014 zuwa 2019 ta fi faɗi, kujerar baya kamar falo, amma dokin nan dai 132 ne a yawancinsu. Duba da kyau: daga 2003 zuwa 2019 ƙarfin kusan wuri ɗaya ya tsaya, nauyi kuwa ya ƙaru da fiye da kilo ɗari. Shi ya sa direban da ya saba da ta 2004 zai hau ta 2015 ya ce ba ta da zuciya. Tsalle na gaske sai a ta 2020 mai lita 2.0 da doki 169, wadda kuɗinta ba na mai fara haya ba ne.

Yawancin na 2014 ɗin nan CVT ne a ciki, giyar da ba ta da haƙoran hawa-hawa, bel ne na ƙarfe ke tafiya tsakanin ƙafafu biyu masu buɗewa da tsukewa. Tana da sauƙin mai, kuma ba ta da laifi in aka ba ta irin manta. Watan jiya wata malamar asibiti ta kawo mini tata tana kuka kamar injin niƙa. Da na buɗe na tara man a roba, ja ne na giyabos ɗin da, wani mai juye a bakin titi ya ɗura mata, ga garin ƙarfe yana walƙiya a ciki kamar an barbaɗa kwalli. Ba abin da ya rage sai sayen wata giyar sukutum. In zuciyarka ta nace a kan wannan yayin, nemi samfurin L na 2014 zuwa 2016, akwai masu tsohuwar giya mai hawa huɗu. Kuma kowacce za ka saya, sa a ɗaga kafet a shinshina, a duba ƙarƙashin kujeru, don da yawa daga masu shigowa daga gwanjon Amurka ko sun yi hatsari ko sun sha ambaliya.

Saura batun aure, wanda ba ka faɗa ba amma Hajiya ta faɗa lokacin da aka kai mata labari. E, matata Ba'asantiya ce, Tonawa in ji tsofaffinmu. Ta musulunta tun kafin in san ta, shekararmu ashirin da uku, azumin Litinin da Alhamis ba ya wuce ta. Su Asantawa ɗa na dangin uwa ne, mu kuwa na uba ne, saboda haka 'ya'yana ba su rasa ko'ina ba: can ƙauyen uwarsu ana lissafa su cikin gida, nan zango kuma jikokin fatake ne. Babban ɗana ran Juma'a aka haife shi, kakarsa ta wajen uwa tana kiransa Kofi. Da wani baƙo daga wajenku ya ji, sai ya taɓe baki ya ce mun ɓata. Na tambaye shi, Ɗanjuma fa, me ake nufi da shi? Talatu da Laraba da Ɗanladi fa? Sunan yanka na yaron Abubakar ne, ya sauke Alƙur'ani yana shekara goma sha biyar, kuma shi ne yanzu yake riƙe mini na'urar da ke karanta kwamfutar mota, don idona ya fara gajiya da ƙananan rubutu. Abin da ke mini ciwo shi ne a nan wani lokaci a tambaye ka ina ne garinku na asali alhali kakanka ma nan aka binne shi, ka je can kuma ka buɗe baki a kasuwar Kwari a ce ga ɗan Gana ya zo.

Shawarata dai, in kuɗinka ya kai, ɗauki ta 2009 zuwa 2013 mai lita 1.8. In bai kai ba, ta 2005 zuwa 2008 mai tsabta ta fi sabuwar da aka yi wa kwaskwarima. Ka bar mata tamostat ɗinta, ka sa ruwan lagireto na gaskiya, ka yi juye da mai marar kauri irin wanda aka rubuta a murfin, ba mai kaurin nan da ake ɗura wa manyan motoci ba. In ka samu wadda ta kwanta maka, je ka da sassafe kafin mai ita ya tayar, ka ɗora hannu a kan injin ka tabbatar da sanyi yake, sannan a tayar kana ɗaukar sautin da waya, ka zaga baya ka ɗauko mini hayaƙin salansa. Turo mini in saurara kafin ka biya ko sisi.

Ka gaida Hajiya da kyau. Ka ce mata tukunyar tagullar nan da aka raba da 'yar'uwarta a 1969 tana nan a ɗakin matata, a ciki ake dafa naman suna. In tata na nan, a ɗauko mini hotonta.