Amsa ga ɗan ƙanena kan mutanen da ke ƙona birninsu

Assalamu alaikum. Ɗana, na karanta babi ukun da ka aiko na labarin da kake rubutawa, na kuma ga tambayarka. Ka ƙago wata al'umma a duniyar da babu ita, wadda masananta suka koyar da cewa duk abin da ya daɗe ruɓa yake yi, don haka duk bayan shekara 100 sukan cinna wa birninsu wuta su sake gina shi a kan toka, kana son sanin ko mai karatu zai yarda cewa masu hankali za su riƙe irin wannan al'ada. Zai yarda, amma ba yadda ka rubuta ta yanzu ba, domin ka cika shafuffuka da bayanin wuta, ba ka ce komai ba game da abin da ake tsamewa kafin a kunna ta.

Ka fara gyara adadin shekarun. Shekara 100 ta yi yawa, saboda ranar da za a sake ƙona birnin babu mai rai da ya ga na baya da wayonsa, kuma al'adar da ba ta da shaida a raye takan koma jita-jita. Dubi wurin bautar Ise da ke Japan, wanda ake sake ginawa duk shekara 20 tun daga shekarar 690. An yi karo na 62 a 2013, ana shirin na gaba a 2033. Fili biyu ne a jere, sai a gina sabon a kan wanda yake fayau, a kammala shi tsaf yana kallon tsohon, sannan a warware tsohon a raba katakonsa ga wasu wuraren bauta. Shirin kansa yakan ci kimanin shekara takwas, tun daga saran itatuwa, domin ba a fafe gora ranar tafiya. Hikimar shekara 20 ita ce kafinta ɗaya yana iya shiga aikin sau uku, da farko yana ɗan koyo, sannan yana gwani, daga ƙarshe yana mai duba aikin wasu. Katako ake sauyawa, sana'ar kuwa tana nan a hannun mutane. Duk da haka yaƙin basasa ya taɓa tsayar da al'adar fiye da shekara 120, kuma irin wannan giɓin zai yi wa labarinka amfani fiye da gobarar da ke zuwa a kan kari kullum.

Idan kuma tsoro kake so mai karatu ya ji, to mutanen Aztek na ƙasar Meziko sun fi kusa da abin da ka zana. Suna da ƙirgen kwanaki iri biyu, mai kwana 365 da mai kwana 260, waɗanda ba sa komawa mafari ɗaya sai bayan shekara 52. A ƙarshen wannan zagaye sukan kashe kowace wuta a ƙasar, su zubar da tukwane da duwatsun murhu, su zauna cikin duhu suna jiran hukunci. Limamansu kan hau wani dutse su zuba wa taurarin kaza da 'ya'yanta ido, idan suka ga sun ratsa tsakiyar sama da tsakar dare, sai a ce duniya ta sami ƙarin wa'adi, a kunna sabuwar wuta a ƙirjin mutumin da aka yanka, masu gudu su kai ta gari gari. An yi na ƙarshe a 1507, Sifaniyawa suka ci birninsu a 1521. Lura da cewa su ma tukunya suka fasa, ba su taɓa rumbu da gona da masu riƙe lissafin kwanaki ba.

Sai batun falsafar kanta, inda na ga ka fi rauni. Masananka suna magana da murya ɗaya, alhali ba a taɓa yin mazhabar da ba ta da saɓani ba. A Girka, mabiyan Zeno, wanda ya fara koyarwa a Atina wajen shekara 300 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), sun ce wuta za ta cinye duniya baki ɗaya sannan ta dawo daidai yadda take, da mutanenta da kurakuransu, ba ragi ba ƙari. Daga baya wani babba a cikinsu, Panetiyus, ya ƙi wannan ra'ayi bai kuma bar mazhabar ba. Mu dai ba aƙidarmu ba ce, ƙirƙira kake yi, amma dole ka yanke wa mutanenka hukunci: sabon birnin maimaicin tsohon ne, ko gyaransa? In maimaici ne, matasansu za su tambayi amfanin wahalar. In gyara ne, to wani ne ke zaɓar abin da za a gyara, kuma wannan mutumin shi ne sarkin gaskiya ko da ba ya kan gadon sarauta.

A nan labarinka yake. Wa ke riƙe da kundin iyakokin filaye a daren gobara? Bashi yana ƙonewa tare da takardarsa, ko mai bin bashin ya riga ya haddace? Attajiri zai kwashe dukiyarsa zuwa bayan ganuwa tun da saura shekara, talaka kuwa ɗakinsa ne dukiyarsa, don haka ba zai yiwu su biyun su fahimci koyarwar masanan a kan fuska ɗaya ba. Ka sake rubuta babi na biyu ta bakin tsohuwar da aka ba alhakin zaɓar abubuwan da za a fitar, ka rage shekarun zuwa 30 ko 40, sannan ka aiko mini in duba. Ka gaida mahaifinka.

Baffanka.