Kafin ka goge sunan gem a manhajar katin NVIDIA

Jiya ina jan ƙofar shago ka tsare ni da maganar kwamfutar nan mai katin GTX 1660. Ka ce GeForce Experience ɗinta, wato manhajar katin hoto na NVIDIA, ta cika da sunayen gem, har da waɗanda mai ita ya ce ya daɗe da cirewa, kuma ka duba ko'ina ba ka ga inda ake goge su ba. Ban ba ka amsa a tsaye ba, domin irin wannan aikin ya taɓa cin mini kuɗi, kuma har gobe in na tuna sai raina ya ɓaci. Ga amsar a rubuce. Ka karanta ta duka kafin ka sake taɓa na'urar mutane.

Ba ka ga maɓallin gogewa ba ne saboda babu shi. Jerin nan ba rumbu ba ne da ake zuba gem a ciki. Manhajar zagayawa take yi cikin foldodin da aka nuna mata, duk inda ta ci karo da fayil mai .exe na gem ɗin da ta sani, sai ta rubuta sunansa. Muddin fayil ɗin yana nan, sunan zai dawo ko sau nawa ka kore shi. Kuma amfanin jerin shi ne daidaita saitin hoton gem. Naɗar bidiyo ba ruwanta da shi: ko sunan gem ba ya ciki, Alt+F9 zai naɗa, Alt+F10 zai ajiye mintocin da suka wuce.

To, ga inda ake hallaka. Suna ɗaya, abu huɗu. Akwai sunan da ke cikin jeri. Akwai gem ɗin kansa, a steamapps\common ta Steam ko a foldar Epic Games, wato manhajojin da ake sauko da gem ta cikinsu. Akwai foldar da manhajar ke buɗe wa kowane gem a cikin Videos, mai ɗauke da sunansa, inda bidiyon mutum suke. Akwai kuma ajiyar wasan, wato inda mutum ya tsaya, wadda sau da yawa tana cikin Documents: ta GTA V a ƙarƙashin Rockstar Games, ta PES a ƙarƙashin KONAMI. Idan kwastoma ya ce "a cire mini gem ɗin nan", cikin huɗun nan wanne yake nufi? Shi ma galibi bai sani ba. Aikinka ne ka zaunar da shi ka nuna masa a allo, ya sa yatsa a kan abin da yake so a cire.

Wani yaro da ya zauna a bencin nan kafin zuwanka bai yi haka ba. An kawo wata kwamfutar tebur a sauya mata kati, a cire GTX 1050 Ti a sa RTX 2060. Mai ita matashi ne da ke naɗar wasannin ƙwallon PES yana ɗorawa a YouTube. Ya ba da kafin alƙalami, saura naira dubu 60 da kuɗin aiki sai ranar ɗauka. Yana fita ya waiwayo ya ce a share masa tarkacen gem ɗin da suka cika masa ShadowPlay, wato sashen naɗar bidiyo na manhajar. Magana guda ke nan, a bakin ƙofa.

Yaron ya nemi maɓallin gogewa, bai samu ba, kamar yadda ya faru da kai. Maimakon ya jira in dawo daga masallaci, sai ya buɗe Videos, ya ga foldodi jere da sunayen nan guda da ke cikin manhajar, ya ce ai ga su nan. Ya zaɓe su gaba ɗaya ya danna Shift da Delete. Kwamfutar ta fito masa da gargaɗi cewa wannan gogewar ta har abada ce. Ya danna "Yes" bai karanta ba. Kusan giga 200 na bidiyo. Da ya koma manhajar ya tarar sunayen suna nan daram, ko ɗaya bai motsa ba, amma bai gaya mini ba. Ya ci gaba da aikinsa, ya sa direban sabon katin, wato manhajar da ke tafiyar da shi, ya kashe ya kunna har sau biyu. Sai da la'asar ya zo yana sosa ƙeya.

Da tsohon had-dis mai faifai ne, da na dawo da mafi yawansu, domin shi gogewa a wurinsa cire suna ne daga rajista, bayanan suna kwance har sai an rubuta wani abu a kansu. Amma wannan SSD ne, marar faifai. Windows tana aika wa SSD umarnin da ake kira TRIM, tana gaya masa cewa waɗannan wuraren ba a buƙatarsu, shi kuma ya share su da kansa ba tare da ɓata lokaci ba. Na cire shi na jona a wata kwamfutar, na sa Recuva, manhajar dawo da fayilolin da aka goge. Sunayen fayilolin suka fito reras, girman kowanne daidai. Na dawo da guda goma na gwada, babu wanda ya buɗe. Na leƙa cikinsu, sifili ne daga farko har ƙarshe.

Mai kwamfutar ya zo, na gaya masa gaskiya da bakina. Ya fita tsakiyar layi yana ɗaga murya, wai an ƙona masa aikin shekara biyu, wai ba shi da kwafi ko guda. Maƙwabta suka taru, dattawan layi suka shiga tsakani, aka ce in yi haƙuri tunda a hannunmu abin ya lalace. Na yafe dubu 60 ɗin, na yafe kuɗin aiki, ya ɗauki kwamfuta da sabon kati ya tafi.

Bayan mako uku aka nuna mini shafinsa a waya. Bidiyon da ya rantse sun salwanta suna ta hawa ɗaya bayan ɗaya. Ka san manhajar tana sa wa kowane fayil sunan gem, da shekara da wata da rana da awa, kuma waɗanda aka ajiye da Alt+F10 har da DVR a jikin sunan. YouTube kuwa sunan fayil yake ɗauka ya mai da shi take in ba ka sauya ba. Shi ko sauyawa bai yi ba. Kwanan watan da ke jiki ya girmi ranar da ya kawo mana kwamfutar da watanni. Ashe yana da su a had-dis na waje tun farko. Ya ga kuskurenmu ne ya mai da shi kasuwa. Na bar shi da Allah, amma ban manta ba. Kuma duk da ha'incinsa, ƙofar mu muka buɗe masa, domin yaron ya goge abin da ba a sa shi ya goge ba.

Abin da ke damuna da yaranmu na yanzu ke nan. Hannu ya fi ido sauri. Mutum ya kalli bidiyon minti biyu a waya, shi ke nan ya zama injiniya, akwatin gargaɗi ya fito ya danna bai san me aka rubuta ba. Kai aƙalla ka tambaya, shi ya sa na zauna nake rubuta maka.

Hanya mafi sauƙi, wadda ke biyan buƙatar yawancin masu kawo wannan ƙorafi, ita ce ɓoyewa. A GeForce Experience ka shiga "Details" na gem ɗin, za ka ga alamar ido kusa da ta tauraro. Ka danna idon, sunan ya ɓace daga shafin farko. In ana son ganinsa kuma, alamar mazurari da ke sama tana da "Hidden". Ba a taɓa fayil ko ɗaya ba. Idan kwamfutar tana da sabuwar manhajar, NVIDIA App, wadda ta fito a Nuwamban 2024 ta maye gurbin tsohuwar, sunayen suna ƙarƙashin "Graphics", ɓoyewar kuma tana cikin ɗige ukun nan na kowane gem. Da haka ake kawar da irin su OBS Studio da DaVinci Resolve, waɗanda ba gem ba ne amma manhajar take jero su, kuma mai kwamfuta yana aiki da su.

In sunayen sun yi yawa, matsalar daga wuraren bincike take. Ka shiga saiti, sashen "Games & Apps", ka dubi foldodin da aka ba ta ta bincika. A nan wurinmu, inda ake kwafar gem daga had-dis zuwa had-dis saboda tsadar data, za ka tarar mutum ya sa mata had-dis ɗin D gaba ɗayansa. Ta kuwa tono masa duk wani kwafi da ya jibge a can, har da wanda bai taɓa kunnawa ba. Ka cire D ɗin daga jerin wuraren, ka sa foldar da yake wasa daga cikinta kaɗai, ka danna "Scan Now". Cire wuri daga nan ba ya goge komai a had-dis. Amma ka lura, in ka cire steamapps\common, har gem ɗin da yake so za su iya fita daga jerin. A wannan shafin kuma ka cire alamar da ke kan daidaita sababbin gem kai tsaye, domin ita ce ke sauya wa mutum saitin hoton da ya ɓata dare yana gyarawa, ya zo ya ce mu ne.

Waɗanda ya ce ya cire amma suna nan, ragowa ce. Steam yana kwashe abin da shi ya sauke ne kawai. Duk abin da aka ƙara da hannu, kamar kayan gyaran GTA V da samari ke lodawa, yana barinsu a foldar, wani lokaci har da fayil ɗin kunna gem. Ka bi ta manhajar ka buɗe inda fayil ɗin yake, ka ga girman foldar. In 'yan mega ne, ragowa ce. In giga 60 ko 100 ka gani, gem ɗin yana nan da ransa, alamarsa ta kan allo kawai mutumin ya goge yana zaton ya cire. Wannan kuwa ta cikin Steam ko Epic ake cire shi, kada ka goge da hannu, in ba haka ba fayil ɗin appmanifest, wanda ke gaya wa Steam an sauke gem ɗin, zai rage a steamapps, Steam ya ci gaba da ganin kamar yana nan. Kuma ko ragowar ce, kada ka goge ta ranar. Ka ƙara wa sunan foldar wata kalma, ka matsar da ita wajen wuraren bincike, sai mai ita ya zo ya gani ya yarda.

Idan ka yi duk wannan sunan ya ƙi tafiya, tsohuwar rajistar manhajar ce ta maƙale. Ka danna Windows da R, ka rubuta %localappdata%, ka shiga NVIDIA, za ka ga NvBackend. Ka rufe manhajar, ka tsayar da ayyukan NVIDIA Container da ke gudana a baya, sannan ka sauya wa foldar suna zuwa NvBackend.old. Na ce sauya suna. Ka sake kunna kwamfutar da intanet a jone, domin sai ta sauko da bayanan gem daga can, ka sa ta bincika. In abin ya rikice, ka mai da tsohon sunan, komai ya koma yadda yake. Kada in ga ka ɗauko DDU, manhajar cire direban kati, a kan wannan. DDU na direban da ya lalace ne, zai share duk saitin da mutum ya yi wa kowane gem, kuma da zarar ka sake sa manhajar za ta bincika ta dawo da sunayen nan, tunda fayilolin suna nan.

Kada kuma ka rikita wannan jerin da na NVIDIA Control Panel, ƙarƙashin "Manage 3D settings". Wancan da direba yake zuwa, sunaye ne rututu na gem ɗin da ba su ma cikin kwamfutar. Akwai akwatin da in ka sa masa alama zai nuna waɗanda ke kwamfutar kaɗai. Iyakar abin da za ka yi a can ke nan.

Sau da yawa kuma mai cewa a cire gem, wuri ne ya ƙare masa, C ya yi ja, ya ɗauka sunayen ne suka cinye. Suna ba ya cin wuri, bidiyo ke ci. Yi lissafin da kanka: naɗa a megabit 50 cikin daƙiƙa, ka raba da 8, mega 6.25 ke nan duk daƙiƙa, mega 375 a minti, giga 22.5 a awa guda. Duk danna Alt+F10 a kan minti 5 kusan giga 2 ne, kuma ana iya ja da shi har minti 20. Ga "Highlights" da ke ɗaukar guntaye da kansa a irin su PUBG yana tarawa a foldar wucin gadi. Ka danna Alt+Z, ka shiga saiti, ka mai da wurin ajiyar bidiyo da na fayilolin wucin gadi kan babban had-dis, ka rage iyakar wurin da "Highlights" zai ci, ka sauko da megabit ɗin zuwa 25 in a 1080p yake naɗa. Awa guda ta koma kusan giga 11. Tsofaffin bidiyon kuwa kwafa ake yi, a buɗe biyu ko uku a sabon wurin a tabbata suna wasa, sannan mai su ya goge na farkon da hannunsa.

Wannan da ke kan bencinka, da safe kafin ka taɓa komai ka ɗauki hoton jerin da na foldar Videos da wayarka, girmanta da yawan fayilolinta su fito sosai. Ka kira mai ita ya zo ya nuna waɗanda ba ya so, ka rubuta su a bayan rasit ya sa hannu. Ka fara da ɓoyewa da gyaran wuraren bincike. In ta kai ga NvBackend, ka jira ni.