Ƙwai 70 na ƙyanƙyashe, babu wanda ya gaji Dragonite ɗina

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Don Allah a taimaka mini, raina a ɓace yake. Ina buga wasan bidiyo na Pokémon Scarlet, inda ake kamawa da kiwon halittu, ina da Dragonite namiji mai ɓoyayyiyar baiwar Multiscale da abokina ya ba ni. Duk kuɗin da na tara a wasan a kansa suka ƙare: marfin kwalba biyar na ƙara ƙarfi da ganyen halin Adamant. Sai na haɗa shi da Dratini mace (ƙaramin da ke girma ya zama Dragonite) da na kamo a tafkin Casseroya, shi yana riƙe da Everstone, dutsen da ke gadar da hali, ita Destiny Knot, zaren da ke gadar da lambobi, don in ba ƙanena ɗa guda, in kuma na dace in samu mai ƙyalli, wato mai launi na daban da ba a cika samu ba. Sati uku ke nan, ƙwai 70 na ƙyanƙyashe. Babu mai Marvel Scale ko ɗaya, wato baiwar da ke zama Multiscale in Dratini ya girma, dukkansu halinsu Calm ne, lambobinsu kuma abin tausayi. Wani ya ce ajiyar wasana ce ta lalace, in ba shi lambar sirrin asusuna ya gyara, ko in sayi Ditto, halittar da ake haɗawa da kusan kowane Pokémon a sami ƙwai, a hannunsa. Da gaske wasan ya lalace?

Amsa: Wa alaikumus salam, ɗan'uwa. Kwantar da hankalinka, babu abin da ya sami wasanka. Kada ka ba kowa lambar sirrinka, kada ka tura wa kowa ko sisi. Abin da ka gani a ƙwai 70 ɗin nan shi ne daidai abin da ya kamata ka gani, kuma da za ka ƙyanƙyashe 700 a wannan tsari, haka za su fito.

Bari in fara da mai sauƙin, wato baiwa. Ɓoyayyiyar baiwa ta hannun uwa take sauka, shida cikin goma. Namiji ba ya sauke ta sai in Ditto ce abokiyar zamansa, haka dokar take tun wasannin Pokémon X da Y na 2013. Kai kuwa baiwar tana jikin uban, uwar ta daji ce mai Shed Skin. Ka ga ƙofa a rufe take tun daga ƙwan farko. Ko dai ka cire macen ka sa Ditto, ko ka samo Ability Patch a farmakin Tera mai taurari shida, wato faɗan taron dangi a kan Pokémon guda, ka ba macen. Shi Ability Patch yana canza baiwar ne har cikin jini, saboda haka 'ya'ya na gadonta.

To yanzu ga abin da ya cinye maka sati uku, kuma shi ne abin da nake amsawa kusan kullum har baki ya gaji: mutane sun ɗauka duk abin da suka yi wa uba da guminsu ko da kuɗinsu zai bi ƙwai. Ba ya bi. Ka tuna mai turken rago. Wata shida yana ba shi dusa da harawa da ƙowar wake har ya zama sai an taimaka masa ya tashi. Wannan ƙibar tasa ce shi kaɗai. In ya yi barbara, ɗan da za a haifa irin uban zai ɗauko, in Balami ne Balami, in Yankasa ne Yankasa, ba zai zo duniya da dusar da uban ya ci ba. Marfin kwalba da ganye dusa ne.

Kowane Pokémon ana haihuwarsa da lambobin jini shida, waɗanda 'yan wasa ke kira IV, kowace daga 0 zuwa 31. Lokacin da ka kai Dragonite ɗinka wurin mutumin nan na garin Montenevera ka miƙa masa marfin kwalba, bai taɓa lambar ba. Abin da ya yi shi ne ya sa wasan ya riƙa lissafa ƙarfin kamar 31 ne a fagen faɗa. Lambar asali, ko 7 ce ko 12, tana nan kwance a ƙasa, kuma ita Destiny Knot ke ɗauka ta kai wa ɗa. Je ka akwati, ka buɗe alƙalin da ke auna lambobi, ka duba uban da idonka. Inda aka haife shi da 31 za ka ga an rubuta "Best". Inda marfin kwalba ya yi aiki za ka ga "Hyper trained!". Wasan da kansa ya bambanta maka su, bai ɓoye komai ba. Tun da aka kawo wannan horo a Sun da Moon a 2016 haka yake, abin da ya canza kawai shi ne da sai mataki na 100, yanzu a Scarlet da Violet mataki na 50 ya isa.

Ganyen ma haka. Tun da ya zo a Sword da Shield a 2019, aikinsa shi ne juya wane ƙarfi zai hau wane zai sauka. Sunan halin ba ya motsi. Buɗe shafin bayanin Dragonite ɗinka, inda aka rubuta ranar da aka same shi da wurin: na tabbata Calm za ka gani a can, ko da yake kibiyoyin da ke shafin ƙarfinsa suna nuna na Adamant. Everstone ɗinka bai ci amanarka ba. Ya yi aikinsa sau 70 ba kuskure, ya ɗauki halin gaskiya na uban ya manna wa kowane ɗa.

Kuma tunda muna kan maganar, matakin uba ba ya sauka, lambobin horo na EV ba sa sauka, kambun da ya ciyo ba ya sauka, ƙyallin uba ma ba ya ƙara wa ƙwai damar ƙyalli ko kaɗan. A Gold da Silver na 1999 ne uba mai ƙyalli ke da tasiri, domin a lokacin ƙyalli a jikin lambobin jini yake rataye. An daina wannan fiye da shekara 20, amma har gobe za ka ji mai bidiyo yana rantsuwa a kansa, ya sa jan rubutu da hoton fuska a buɗe, ya tara masu kallo, ya bar yara da asarar dare. Wannan abu yana ƙona mini rai ƙwarai. Mutum bai taɓa buɗe alƙalin akwati ba amma yana koyar da kiwo. Wani ya ce ka danna maɓalli sau uku lokacin da ƙwai ke fashewa, wani ya ce sai da daddare ake samun mai ƙyalli. Duk abin da ɗa zai zama an gama yanke shi kafin ɓawon ya tsage.

Ga yadda za ka gyara. Ka nemi Ditto na farmakin Tera mai taurari shida, yana zuwa da 31 guda biyar na gaskiya, na taurari biyar kuwa huɗu. Ka ba shi Destiny Knot, ka haɗa shi da Dragonite ɗinka, su biyu kaɗai a tawaga lokacin shimfiɗa, wato picnic inda ake samun ƙwai, don kada kwandon ya cika da ƙwan da ba ka nema ba. Ƙwai goma kwandon yake ɗauka, sanwici mai Egg Power kuma yana sa ya cika da wuri. Ba tare da zaren ba lambobi uku ake gada, da shi biyar, amma biyar ɗin daga iyayen biyu ake tsinto su, ba daga mai riƙe da shi kaɗai ba. Shi ya sa ake hawa tsani: ɗan da ya fito da Marvel Scale kuma ya fi ubansa "Best", ka sauke uban ka ɗora shi. Zuriya uku ko huɗu sai ka ga gidan ya gyaru. In iyayen biyu sun cika, kai kuma ba ruwanka da lambar harin sihiri tunda Dragonite mai Adamant ba ya aiki da ita, kusan ɗaya cikin biyar zai zo maka da biyar ɗin da kake so. In ka haɗa da shida cikin goma na baiwa, ka sa ran ɗaya cikin tara. Hali kuwa, cire Everstone har sai mai Adamant na haihuwa ya fito, halaye 25 ne, sannan ka riƙa masa dutsen. Ƙwan Dratini yana da nauyin fashewa, ka sa Talonflame mai Flame Body a tawaga ya rage maka rabin tafiya.

Amma ka saurare ni nan. In faɗa kake so ka ci, Dragonite ɗin da ke hannunka yanzu bai gaza na haihuwa da komai ba. Kuɗinka ba su tafi a banza ba. Extreme Speed ma ba sai ka yi kiwo ba: ka bar masa gurbi ɗaya a dabarunsa, ka riƙa masa Mirror Herb, ku yi shimfiɗa tare da Arcanine ko Lucario da ya iya ta, zai ɗauka. Na ƙanenka kuma, ɗa guda mai Marvel Scale ya isa, sauran ka cike masa da marfi da ganye.

Shi kuwa wancan mai neman lambar sirrinka, ya ji tsoron Allah. Ya ga yaro cikin damuwa, maimakon ya faɗa masa magana ɗaya da za ta warware masa, sai ya ƙirƙiro cutar da babu don ya sayar da magani. Asusun Nintendo ɗinka a nan wasannin da ka saya suke, wani lokaci har da katin banki. Dittonsa mai 31 shida, mai ƙyalli, mai sunan wani shafi a goshi, da manhaja aka ƙera shi, ba a daji aka kamo shi ba. A gasar duniya ta 2023 a Yokohama an fitar da 'yan wasa daga gasa saboda irin waɗannan halittu a tawagarsu, mutanen da suka sha jirgi suka je Japan. Ku masu wannan sana'a, kuɗin makarantar yara kuke ci a kan abin da ake samu kyauta.

Saura mai ƙyalli. Asalin damar ɗaya ce cikin 4,096. In iyayen sun fito daga wasanni masu harshe daban, misali Ditto na wasan Japananci da Dragonite ɗinka na Turanci, tana komawa kusan ɗaya cikin 683, hanyar da ake kira da sunan Junichi Masuda na kamfanin Game Freak. Da Shiny Charm, layar da ke ƙara damar ƙyalli, ta zama ɗaya cikin 512. Irin wannan Ditto musanya ake yi, ka ba da naka a ba ka na wata ƙasa, ba a biyan ko kwabo. Ka fara gyara iyayen tukuna kafin ka shiga wannan farauta, don ranar da Dratini ruwan hoda ya fito daga ƙwai ya zo da Marvel Scale ɗinsa.