Ba Ta Taga Aka Ɗaura Auren 'Yarka Ba

Yaya, na ga bidiyon da ka turo na ɗaurin aure ta taga a Amurka. Gaskiya ne, a Las Vegas akwai inda ango da amarya ke tsayawa da mota a bakin taga, a ɗaura musu aure su wuce. A garin Saginaw na jihar Michigan ma wani gidan shirya gawa ya buɗe taga a 2014, mutum ya leƙa mamaci yana zaune cikin motarsa. Amma su kansu Amurkawa mamakin abin suke yi, shi ya sa ake ta ɗaukarsa.

Ƙasar ce aka tsara don mai mota. A nan Houston, wanda ba shi da ita ko kasuwa sai ta gagare shi. Gidan abinci na McDonald's ma sai a 1975 ya buɗe tagarsa ta farko ta masu mota, a Arizona, saboda sojojin da aka hana shiga shago da kaki. Ni kaina ta taga nake karɓar maganin hawan jini. Ka manta Baba, Allah ya jiƙansa, in mun tsaya a Kwanar Ɗangora? Ai ta tagar mota yake saya mana rake da dafaffen ƙwai.

Abin da ya sosa min rai shi ne tambayar da ka biyo da ita, wai ko 'yarka ma haka aka yi mata. Haba Yaya! A masallaci aka ɗaura, bayan sallar Juma'a. Wani dattijo mutumin Maraɗi ya tsaya a madadinka, aka biya sadaki lakadan, aka raba goro da alawa. Mijin baƙar fatan Amurka ne, a gidan Musulunci aka haife shi, kuma ba ya gaishe ni sai ya durƙusa. Babu wanda ya taɓa tambayata halinsa daga gida, sai dai "ɗan wace ƙabila ne?"

A azumin 2020, lokacin korona, ta tagar mota aka riƙa miƙa mana abincin buɗa-baki a ƙofar masallaci. Uwargida ta karɓa tana hawaye, don ba wanda ta zauna da shi. In aka yi rasuwa a Dallas kuwa, tafiyar awa huɗu muke yi, mu zauna a ƙasa har sadakar uku.

Ka kira ranar Lahadi. Surukin naka shekara biyu ke nan yana koyon gaisuwa da Hausa saboda kai.