Ina tura finafinan Indiya a shagona, za a iya kama ni?

Tambaya: Barista barka da aiki. Ina da ɗan shagon caji a Kano, ina kuma tura wa mutane finafinan Indiya na faɗa a waya, daga shafukan intanet irin su Filmyzilla nake saukewa. Wani abokina ya ce ana ɗaure mutum a kan haka, wallahi tun ranar hankalina bai kwanta ba don da shagon nake riƙe gida. Amma ai ba na Kannywood ba ne, masu shi suna can Mumbai ko?

Amsa: Ɗan'uwa Allah ya rufa asiri, abokinka bai yi ƙarya ba. Wannan maganar ta "masu shi suna Mumbai" kuwa kullum sai na ji ta, har na gaji, kuma masu yaɗa ta a majalisa ba su taɓa buɗe dokar ba. Najeriya ta shiga yarjejeniyar Berne, ta kare haƙƙin mallaka tsakanin ƙasashe, tun 1993, Indiya ma tana ciki, don haka fim ɗin da aka yi a Mumbai yana da kariya a nan kamar wanda aka ɗauka a Zoo Road, ba sai mai shi ya zo ya yi rajista ba, ba sai ya san akwai wani gari Kano ba ma. Wai don an ɗora masa fassarar Hausa ya zama naka? Fassarar kanta sai da izini.

Kuma kai ba ɗan kallo ba ne, kuɗi kake karɓa ka tura, a dokar haƙƙin mallaka ta 2022 wannan rarraba kwafin sata ne, akwai tara akwai ɗauri, tarar kuma kan kowane kwafi ake lissafawa, to ka duba finafinai nawa ne a kwamfutarka. Hukumar kare haƙƙin mallaka ta Najeriya, NCC, na da ikon zuwa ta kwashe kayan.

A Indiya tun gyaran dokar 2023, wanda ya naɗi fim a silima yana iya shan wata 3 zuwa shekara 3. Wannan kwafin mai dishi-dishi da kake jin tarin mutane a ciki, daga nan ya fito.

Ka goge su, ka tsaya kan cajin, ka nemi masu lasisin rarrabawa ku yi a rubuce. In shafin ya taɓa sa ka saka wata manhaja, cire ta yau ka canja lambobin sirrin bankinka.