Me ya sa aka yi wa Bob Dylan ihu a Newport?

Tambaya: Malam, na ji an ce masoyan mawaƙin nan na Amurka, Bob Dylan, da kansu sun taɓa yi masa ihu yana tsakiyar waƙa. Wane laifi ya yi musu?

Amsa: Jita mai lantarki ce ta jawo masa. Ranar 25 ga Yuli, 1965, ya hau dandamalin bikin waƙoƙin gargajiya na Newport, a jihar Rhode Island ta Amurka, sanye da rigar fata, ga mai ganga da mai ogan (abin kiɗa mai kama da fiyano) a bayansa. Waƙa uku ya yi, wuri ya kaure, wasu na tafi, wasu na ihu.

Sai ka san yadda suka ɗauke shi kafin ka gane zafin abin. Yaro ne daga Minnesota da ya shigo New York a 1961, daga shi sai jitar katako da harmonika a maƙale a wuya, yana bin sawun Woody Guthrie, mawaƙin talakawa. A 1963 ya fito da "Blowin' in the Wind", kuma a watan Agustan shekarar ya yi waƙa a gangamin Washington inda Martin Luther King ya yi shahararren jawabinsa. Masu zuwa bikin Newport sun riƙe shi a matsayin bakin masu neman 'yanci. A wurinsu kiɗan rok, wanda ake yi da jita mai lantarki, harkar neman kuɗi ce kawai, don haka suka ga ya sayar da su. Akwai kuma waɗanda rashin kyawun sauti da gajartar wasan ne suka fusata su.

Ni dai ina bayan Dylan a wannan rigimar. Baitocinsa sun riga sun fi ƙarfin jita ɗaya. Saurari "Like a Rolling Stone", mai tsawon minti 6 da ɗoriya: da bugun ganga guda take buɗewa, sannan ogan ɗin makaɗi Al Kooper ya biyo, muryar kuma kamar mai tsare ka da tambaya. Tsakanin Maris 1965 da tsakiyar 1966 ya saki faifai uku, Bringing It All Back Home da Highway 61 Revisited da Blonde on Blonde, kuma har gobe su nake fara miƙa wa mai son saninsa.

Ihun ma bai tsaya a Amurka ba. A Manchester ta Ingila, ranar 17 ga Mayu, 1966, wani ya ɗaga murya daga cikin taro ya kira shi Yahuza, wato maci amana. Dylan ya ce masa ƙarya yake yi, ya juya ga makaɗansa ya ce su ƙara wuta.